Ku fito mana da dokar mu gani

A watan Disamban 2025 an yi wani abu a zauren Majalisar Wakilai da ya isa ya hana manyan ƙasar nan barci, amma da yake Najeriya ce, an yi 'yar hayaniya an kama wani zancen. Abdussamad Dasuki, ɗan majalisa mai wakiltar Kebbe da Tambuwal daga Jihar Sakkwato, ya miƙe ya shaida wa takwarorinsa cewa dokokin harajin da aka buga a gazet, wato jaridar hukuma da ake buga dokoki a cikinta, sun saɓa da abin da su 'yan majalisa suka amince da shi. Dokoki huɗu ne, Shugaba Bola Tinubu ya sa musu hannu ranar 26 ga Yunin 2025, aka tsayar da 1 ga Janairun 2026 a matsayin ranar fara aiki da manyan cikinsu. Saura 'yan kwanaki ke nan a fara tatsar mutane da doka, sai ga wanda aka yi dokar a gabansa yana cewa ba ita ba ce. Aka kafa kwamiti, shugabannin majalisa suka ce a sake buga dokokin, a farkon Janairu kuma majalisar ta fitar da kwafin da ta ce shi ne sahihi.

Ba ni da hurumin yanke hukunci kan ko an sa hannu cikin dokar an sauya ta, ko kuwa kuskuren ma'aikata ne. Abin da ya ƙona mini rai daban ne. A duk tsawon wannan rigima, babu wani adireshi guda na gwamnati a intanet da ɗan ƙasa zai buɗe ya ga abin da majalisa ta zartar, ya ga abin da shugaban ƙasa ya sa wa hannu, ya ga abin da aka buga, ya jera su ya kwatanta da idonsa. Da akwai shi, da zancen bai kwana ba. Kowane ɗalibin lauya da wayarsa zai iya warware shi kafin la'asar. Da yake babu, sai kwafi iri-iri suka yi ta yawo a WhatsApp, kowa na rantsuwa nasa ne na gaskiya.

A nan ne jita-jita ta samu gindin zama. Aka ce duk kuɗin da ya shiga asusunka za a yanke haraji. Aka ce in za ka tura wa mahaifiyarka kuɗin cefane sai ka rubuta cewa kyauta ce, in ba haka ba gwamnati za ta ci rabonta. Na ji 'yan kasuwa da bakinsu suna cewa gara su koma ajiye kuɗi a gida. Dokar kuwa ta ce wanda abin da yake samu a shekara bai wuce naira 800,000 ba babu harajin kuɗin shiga a kansa, harajin VAT kuma yana nan a kashi 7.5 cikin ɗari kamar da. Jami'an gwamnati suka yi ta fitowa a talabijin suna zargin mutane da yaɗa ƙarya. To wa ya jawo? Wanda ya ɓoye takarda ba shi da bakin zagin wanda ya yi hasashen abin da ke cikinta.

Mai karatu, kada ka ɗauki maganata, gwada da kanka. Zaɓi wata ƙa'ida da ta shafi sana'arka, ta sayar da magani ce, ta shigo da kaya ce, ta buɗe makaranta ce, ta haƙar rijiyar burtsatse ce. Buɗe shafin ma'aikatar da abin ya rataya a wuyanta. Abin da zai fara tarar ka shi ne hoton mai girma minista, an cika fuskar wayarka da shi. Ƙasa da shi hoton babban sakatare. Sai labarin ziyarar ban-girma, sai taron bita a wani otal, sai saƙon taya murnar sallah da aka manta ba a cire ba tun bara. Can a lungu za ka ga inda aka rubuta wurin sauke takardu. Ka taɓa. Ko dai ya buɗe fayau babu komai, ko ya ce maka ana kan aikin gyara, ko kuma wayar ta gargaɗe ka cewa shafin ba shi da tsaro domin an bar takardar shaidarsa ta ƙare ba a sabunta ba. Datarka tana ta zuba, kai kuma kana kallon da'ira tana juyawa.

In ka yi sa'a ka samu fayil ɗin, wani sabon ɓacin ran ne. Ba rubutu ba ne, hoton takarda ne. An ɗora tsohon kwafi a kan na'ura an ɗauka a karkace, ga inuwar ƙusar sitefila a kusurwa, ga yatsan wanda ya danne takardar ya fito a gefe, layin ƙarshe na kowane shafi ya yanke. Ba za ka iya neman kalma a ciki ba, ba za ka iya kwafe sashe ka tura wa wani ba, makaho mai amfani da manhajar da ke karanta masa rubutu kuwa an rufe masa ƙofa gaba ɗaya. Shafi na 14 ya biyo bayan na 11, kuma jadawalin kuɗaɗen da za a biya, wanda dominsa ka shiga wannan wahala, shi ne ya ɓace. Abin haushin shi ne, wannan takarda a kwamfuta aka rubuta ta. Wani ma'aikaci yana da ita garau a na'urarsa. An buga ta a takarda, an sa hannu, sannan aka ɗauki hotonta mai dishi-dishi aka ce ga rabon talaka.

Akwai abin da ya fi rashin samu muni, shi ne ka samu wadda ta mutu kana zaton mai rai ce. Kundin dokokin tarayya da har yau ake kafa hujja da shi a kotuna na 2004 ne, kafin shi kuma na 1990. Fiye da shekara ashirin ke nan. A tsakanin nan an yi dokoki da yawa, an soke wasu, an yi wa wasu kwaskwarima sau biyu sau uku, amma babu inda hukuma ta haɗa rubutun da ke aiki a yau ta ce ga shi. A 2024 Antoni Janar Lateef Fagbemi ya kafa kwamitin sabunta kundin. Madalla. Sai dai kundin da za a buga a littattafai masu kauri a jera a kantar manyan lauyoyi, tun ranar da ya fito zai fara tsufa, kamar yadda na 2004 ya yi.

Ga misali a fili. Dokar kamfanoni ta 1990 ta ce sai mutum biyu aƙalla za su kafa kamfani. Sabuwar da Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu ranar 7 ga Agustan 2020, mai sashe 870, ta yarda mutum ɗaya ya kafa ƙaramin kamfani shi kaɗai. Matashin da ya nemi dokar a intanet yana iya faɗawa kan tsohuwar, domin tana nan birjik a shafuka da dama, babu wani jan rubutu a kanta da ke cewa an soke ta. Sai ya tafi neman wanda zai ara masa suna a takarda, ya jawo wa kansa abokin tarayyar da ba ya buƙata, wata rana a yi rigimar da ba ta da dalili. Haka dokar laifukan intanet ta 2015, wadda aka yi ta kama 'yan jarida da masu rubutu a Facebook da sashenta na 24. An gyara wannan sashe a 2024, an rage masa faɗi. Mutum nawa ne suka san da gyaran? Ɗan sanda nawa ne suka ga sabon rubutun? Wanda aka kama a yau, da wane kwafi ake rubuta masa tuhuma?

Kada a yi tuya a manta da albasa. Babban Bankin Najeriya yana sa takardun umarninsa a shafinsa da lamba da kwanan wata, shi ya sa lokacin da ya fitar da umarnin cire kashi 0.5 cikin ɗari na harajin tsaron intanet a watan Mayun 2024, kowa ya ga takardar, aka yi ca, aka janye ta cikin watan. Wannan shi ne amfanin a ga abu. Hukumar NAFDAC da hukumar sadarwa ta NCC su ma suna da ƙa'idojinsu a shafukansu. Ashe dai ana iyawa. Amma mafi yawan abin da ɗalibai da 'yan jarida da ƙananan lauyoyi ke dogaro da shi, ba gwamnati ce ta tanada ba. Cibiyar PLAC da ke Abuja, ƙungiya ce mai zaman kanta, ita ta ɗora kundin 2004 a intanet kyauta. Tsofaffin gazet ɗinmu kuwa, sau da yawa a shafin Gazettes.Africa ake samun su, aikin wasu masu fafutukar buɗe dokoki a nahiyar. Wanda ke da kuɗi kuma ya biya kamfani irin LawPavilion kuɗin shekara. Ban ga laifin ko ɗaya daga cikinsu ba, giɓi suka gani suka cike. Abin kunyar na ƙasar da ke da ma'aikatar shari'a, da hukumar gyaran dokoki, da maɗaba'ar gwamnati a Legas, da hukumar NITDA, da ma'aikata sukutum ta tattalin arzikin zamani, amma dokarta sai a hannun 'yan sa-kai da 'yan kasuwa. Kuma duk kyan kwafin ɗan sa-kai, in aka je gaban alƙali ko gaban jami'i mai taurin kai, cewa zai yi ba na hukuma ba ne.

Duk wannan a sama ne, a tarayya, inda ake da 'yan jarida masu sa ido. Sauko jiha da ƙaramar hukuma ka ga duhu. A nan ne doka take taɓa fatar mutum: kuɗin shago, kuɗin allon talla, kuɗin shara, kuɗin lodi a tasha, tarar ajiye mota, ƙa'idar gini, sa'o'in da aka yarda mai adaidaita-sahu ya yi aiki. Muna da ƙananan hukumomi 774, Kano kaɗai tana da 44. Kowacce tana da ikon yin dokokinta na cikin gida, kowacce tana karɓar kuɗi da sunansu. Je ka nemi rubutun ɗaya a intanet.

Na taɓa zama a shagon wani ɗan'uwana mai sayar da kayan masarufi, sai ga mutum uku, ɗaya da rigar aiki mai tambari, ɗaya da jaka, ɗaya da kwaɗo da sarƙa a hannu yana kaɗawa don a gani. Suka miƙo takarda mai adadi. Mai shago ya ce, “Ranka ya daɗe, bara ba haka na biya ba.” Mai jaka ya ce an ƙara. “Wa ya ƙara?” Ya ce doka ce. “To ko zan ga dokar?” Sai mai rigar ya yi wata 'yar dariya ya ce, “Alhaji, in doka kake son gani ka zo ofis. Amma yau za mu rufe.” Mai kwaɗo ya matso. Daga nan aka koma gefe, aka yi ƙus-ƙus, aka daidaita a ƙasa da abin da ke takardar, babu rasit. Ni ina zaune ina lalube a waya ko zan ga jadawalin kuɗin, ban ga komai ba sai hoton shugaban hukumar yana karɓar lambar yabo.

Tun daga ranar na daina yarda da cewa sakaci ne kawai. Ruwa ba ya tsami banza. Jadawalin da aka manna a intanet, kowa ya sauke a wayarsa, ya kashe wannan ciniki na bakin shago. Mai shago zai ɗaga waya ya ce ga abin da aka ce in biya, ga lambar asusun, ku tafi. Muddin adadin yana cikin jakar mai karɓa, shi ne doka, shi ne alƙali, shi ne mai rangwame. Akwai mutane da yawa a ofisoshinmu da abincinsu ya dogara ga kada ka sani, tun daga mai karɓar haraji zuwa ɗan kamashon da ke tsaye a bakin ƙofa yana cewa kawo in shigar maka, zuwa ma'aikacin da ke sayar da fotokwafin gazet a bayan ofis. Ba za su ɗora dokar don Allah ba, sai an tilasta musu.

Kuma tilascin yana nan a rubuce, shi ne abin da ya fi ba ni takaici. Dokar 'yancin samun bayanai da Shugaba Goodluck Jonathan ya sa wa hannu ranar 28 ga Mayun 2011 ba ta tsaya ga ba ka damar tambaya a amsa maka cikin kwana bakwai ba. Sashenta na 2 ya wajabta wa kowace hukuma ta wallafa ƙa'idojinta da littattafan aikinta da kanta, ba sai an roƙa ba, ta kuma yaɗa su ta hanyoyi da suka haɗa da intanet. Jihohi sun daɗe suna fakewa da cewa dokar ta tarayya ce, ba ta hau kansu ba, har Kotun Ƙoli ta yanke a watan Afrilun 2025 cewa ta hau. A watan Mayun 2017 Farfesa Yemi Osinbajo, yana muƙaddashin shugaban ƙasa, ya ba da umarni cewa kowace ma'aikata da hukumar tarayya ta wallafa cikakken jerin sharuɗɗa da kuɗaɗe da wa'adin kowane lasisi da izini, a harabarta da kuma shafinta. A 2023 aka mayar da wannan umarni doka. An faɗa a 2011, an maimaita a 2017, an sake a 2023. Wane babban sakatare aka taɓa tsarewa ko aka rage wa muƙami don shafin ma'aikatarsa fanko ne? A ƙasar nan mai tura baro ne kaɗai ake gaya wa cewa rashin sanin doka ba hujja ba ne.

Tsarin mulkin 1999, a sashe na 36, ƙaramin sashe na 12, ya ce ba za a hukunta mutum da laifi ba sai an bayyana laifin da hukuncinsa a rubutacciyar doka. Hikimar rubutawar ita ce a karanta. Rubutun da ke kulle a durowar darakta ya cika harafin sharaɗin, amma ya ci amanar manufarsa.

Za a ce babu kuɗi, ko babu ƙwararru. Wannan zance ba ya shiga kunnena. Gwamnatin da ta iya tattara kuɗinta a asusu ɗaya tun 2015, ta sa kowa ya ciro lambar Remita kafin ya biya ko sisi, ta iya intanet. Gwamnatin da ta ce a haɗa layin waya da lambar NIN a Disamban 2020, ta kuma toshe kiran miliyoyin layuka a Afrilun 2022, ta iya intanet. Yaron ƙauye da bai taɓa riƙe linzamin kwamfuta ba an ce dole ya rubuta jarrabawar JAMB a kwamfuta, kuma yana rubutawa. In karɓa za a yi daga hannunka, na'ura ba ta taɓa gajiya. In nuna maka iyakar abin da za a karɓa ne, sai a ce sabis ya ɗauke. Kenya ba ta fi mu arziki ba, amma tana da hukuma guda da ke kula da shafin Kenya Law, inda dokokin ƙasar da hukunce-hukuncen kotuna da gazet ɗinsu suke kyauta ga kowa. Ingila tana da shafi guda na dokoki tun 2010, wanda ke nuna maka rubutun asali da kuma yadda yake bayan gyare-gyare. Faransa ta daina buga jaridar hukumarta a takarda tun farkon 2016, ta intanet ɗin ita ce doka. Kuɗin motocin rakiya na babban mutum ɗaya ya isa a fara wannan aiki a nan.

Kakanninmu da ba su da lantarki sun fi mu sanin haƙƙin wanda ake mulka a wannan fanni. In sarki ya kafa doka, sanƙira ne zai fita da maganar, ya bi kasuwa da unguwa-unguwa, ya ce sarki ya gaishe ku, sannan ya faɗi abin da aka hana da abin da zai sami wanda ya karya. Sai shela ta zaga gari dogari yake kama mutum. Mu yanzu dogarin ne ke riga shela isowa, wani lokacin ma shelar ba ta zuwa sam.

Shelar kuma da harshen mutanen gari ake yin ta. Ko an ɗora duk dokokin nan gobe, in da Turancin lauyoyi kaɗai suke, mai shago a Kantin Kwari da mai kiwo a Maigatari da mai sayar da albasa a Aliero sun ga takarda ne kawai. Tsarin mulki da kansa, a sashe na 55, ya ambaci Hausa da Ibo da Yarabanci a matsayin harsunan da majalisar tarayya za ta iya aiki da su in an yi tanadi, kuma shekara da shekaru tanadin bai zo ba. Ban ce a fassara sashe 870 na dokar kamfanoni a dare ɗaya ba. Amma jadawalin haraji na jiha, da tarar hanya, da kuɗin kasuwa, shafi nawa ne? Majalisun jihohin Arewa da ke muhawara kan abin da ya shafi Bahaushe, me ya hana su fitar da kowace doka da taƙaitaccen bayani da Hausa, har da murya ga wanda bai iya karatun boko ba? Sassan Hausa na jami'o'in Bayero da Ahmadu Bello da Usmanu Ɗanfodiyo cike suke da masu iya wannan aiki.

Abin da nake nema ba shi da yawa. Adireshi guda na hukuma, kyauta, ba rajista, ba biyan kuɗi, wanda ƙaramar waya za ta iya buɗewa. Kowace doka da ƙa'ida da umarni a rubutun da ake iya bincikawa, da ranar da ta fara aiki, da alama ƙarara in an gyara ta ko an soke ta. Kudirin da majalisa ta zartar a ɗora shi a ranar, kafin ya bar hannun akawun majalisa zuwa fadar shugaban ƙasa, don kada a sake jin kunyar da aka ji a Disamba. Sannan a rubuta a doka cewa duk tara ko kuɗin da ba a wallafa a wannan adireshi ba, babu wanda ya isa ya karɓa. Wannan sharaɗi na ƙarshe shi kaɗai zai sa ka ga hukumomin da suka shekara goma suna gyaran shafi sun kammala cikin mako guda.

Mai girma Antoni Janar, da kwamishinonin shari'a na jihohi, da shugabannin majalisu: aikinku ne, ba alfarma ba ce. Ƙungiyar lauyoyi da ƙungiyoyin 'yan kasuwa kuma, ku daina jira. Ku rubuta wa hukumar harajin jiharku da ƙaramar hukumarku takarda a ƙarƙashin dokar 2011, ku nemi jadawalin duk kuɗin da suke karɓa da dokar da ta ba su iko, ku karɓi shaidar sun karɓa, ku ƙirga kwana bakwai. In sun bayar, ku buga ku manna a ƙofar kowace kasuwa, ku tura a kowane zauren WhatsApp. In sun hana, ku kai su kotu.